Raina Kama: Dariya da Neman Aure a Tsofaffin Fina-finan Jamus

In aka tambayi ɗalibin da ya ɗan leƙa tarihin silima abin da ya sani game da fina-finan Jamus na zamanin da fim bai fara magana ba, da wuya ya wuce suna uku: Caligari na 1920, da Nosferatu na 1922, da Metropolis na 1927. Dukansu kuwa fina-finai ne na duhu da firgita, wannan da mahaukacin likita, wancan da gawa mai shan jini, na ukun da injuna masu cinye ƙarfin leburori. Daga nan sai a yanke hukunci cewa Bajamushe mutum ne marar fara'a, wanda ko a gaban majigi ba ya dariya. Mu dai ba mu yarda da wannan hukunci ba. Shekaru da dama kafin waɗancan manyan fina-finai, akawuna da 'yan matan kanti da ma'aikatan masana'antu na birnin Balin suna biyan 'yan kwabbansu su shiga wani ɗan ɗaki mai duhu, su yi ta tuntsira dariya a kan saurayin da ya je zance ya yi kaciɓis da suruka, ko budurwar da ta yi wa iyayenta wayo. Ra'ayinmu a wannan maƙala shi ne, waɗannan gajerun fina-finai na barkwanci, waɗanda malaman zamaninsu suka kira shara, sun fi manyan riƙe amanar labarin zaman mutanen birni, musamman a kan tambayar da ta shiga kowane gida: wa zai zaɓa wa yarinya miji, kuma da wane ma'auni?

Yadda abin ya faro

Ranar 1 ga Nuwamba, 1895, wasu 'yan'uwa biyu, Max da Emil Skladanowsky, suka haska hotuna masu motsi ga 'yan kallo masu biyan kuɗi a gidan wasa na Wintergarten a Balin, watau kusan wata biyu kafin 'yan gidan Lumière su yi nasu a Faris. Da farko fim ɗan rakiya ne kawai, ana saka shi tsakanin masu rawa da 'yan dabo, ko kuwa a yawata da shi cikin tanti daga wannan kasuwa zuwa waccan. Daga wajen 1905 ne aka fara mai da shaguna gidajen kallo na dindindin, kafin yaƙin duniya na farko ya ɓarke a 1914 kuwa yawansu a ƙasar ya haura 2,000. Mutanen Balin har laƙabi suka yi wa irin wannan wuri, suna ce masa Kintopp.

Wanda ya shiga ba fim guda yake gani ba. Akan jero masa labarun duniya, da hotunan wata ƙasa mai nisa, da wasan ban tausayi, sa'an nan a wanke masa zuciya da na ban dariya. Naɗi guda na zaren fim ya kai kimanin mita 300, yakan ƙare cikin minti 10 zuwa 15. Ba murya, sai ɗan rubutun da kan bayyana a allo tsakanin fitowa da fitowa, da mai kaɗa fiyano a gefe, sau da yawa kuma da mai bayani tsaye yana fassara wa jama'a abin da suke gani, kamar dai yadda aka saba yi a majigin da aka riƙa yawatawa garuruwanmu. Daga 1910 zuwa sama fina-finai suka fara tsawo, har na barkwanci suka riƙa kai naɗi biyu ko uku, amma duk da haka a ma'aunin yau gajeru ne. Da yaƙi ya rufe ƙofar fina-finan Faransa, waɗanda a da su ne suka mamaye kasuwa, sai 'yan wasan gida suka sami fili.

To, mai shirya fim da ba shi da murya, ba shi da lokaci mai yawa, tilas ya nemi labarin da kowa zai gane da ganin farko. Ba kuwa labarin da ya kai neman aure sauƙin ganewa. Da an ga saurayi riƙe da fure, da uba ya murtuke fuska, da budurwa tana leƙe ta bayan labule, an riga an san inda aka dosa.

Abin da ke bayan dariyar

Amma sauƙin ganewa kaɗai bai isa ya bayyana abin da ya sa mutane suka riƙa komawa mako-mako ba. Mutum ba ya dariya da gaske sai an taɓa masa inda ke yi masa ƙaiƙayi. Bari mu duba halin da masu kallon nan suke ciki.

A 1871 mutanen Balin ba su cika miliyan ɗaya ba. Kafin 1910 sun haura miliyan biyu. Yawancin wannan ƙari baƙi ne daga ƙauyuka da ƙananan garuruwa, samari da 'yan mata da suka baro idon iyaye da na dangi, suka zo neman aiki. Manyan kantuna irin su Wertheim da Tietz, da KaDeWe da aka buɗe a 1907, sun ɗauki ɗimbin 'yan mata masu sayar da kaya. Wasu suka zama masu buga tafireta a ofisoshi, wasu masu haɗa waya a gidan tarho. Yarinya ta sami albashin kanta, ko da kaɗan ne, tana hawa jirgin titi ita kaɗai, tana haɗuwa da mazan da ubanta bai taɓa jin sunansu ba.

Doka da al'ada kuwa suna nan inda suke. Kundin dokokin zaman jama'a da ya fara aiki ranar 1 ga Janairu, 1900, ya ba miji ikon yanke shawara a kan dukan al'amuran zaman aure, har da inda za a zauna. Dukiyar da mace ta shigo da ita, shi ne mai juya ta. In kotu ta amince masa, yana iya soke aikin da ta ɗauka a waje. Malamar makarantar gwamnati, ranar da aka ɗaura mata aure, ranar ta rasa aikinta. Hafsan soja ba ya aure sai da izinin na gaba da shi, ƙaramin hafsa kuma sai ya nuna yana da abin riƙe gida. Daɗin daɗawa, a gidajen masu hali uban amarya ne ke haɗa ta da dukiya zuwa gidan miji, saboda haka saurayi mai dogon buri yakan fara duba aljihun suruki kafin ya dubi fuskar 'yarsa. Mata ba su sami shiga jami'o'in Furusiya a matsayin cikakkun ɗalibai ba sai a 1908, ba su kuma jefa ƙuri'a a zaɓen ƙasa ba sai a Janairun 1919.

Ga ƙafa ta yi gaba, ga igiya tana ja baya. A wannan tsakani ne fina-finan barkwanci suka kafa tukunyarsu.

Gani ya kori ji

Mu ɗauki Ernst Lubitsch, wanda aka haifa a Balin a 1892, ɗan wani Bayahude mai shagon tufafi. A fim ɗin Der Stolz der Firma na 1914, watau Abin Alfaharin Kamfani, wanda Carl Wilhelm ya shirya, Lubitsch ya fito a matsayin yaron shago da aka kora daga wani ƙaramin gari saboda ya fasa gilashin kanti. Ya shigo Balin ba ko sisi, ya sami aiki a gidan sayar da tufafin mata, ya yi ta hawa da daɗin baki da rashin kunya, har ya auri 'yar maigidansa. Fim ɗin bai wahalar da kansa wajen ɓoye gaskiya ba: soyayyar da ke ciki tsani ce. Kowane akawu da ke zaune cikin duhun nan ya san wani da ya hau ta wannan tsani, ko kuwa shi kansa yana mafarkinta.

A Fräulein Piccolo, wanda Franz Hofer ya shirya a 1914, ma'aikata biyu na wani otal sun gudu tare, sai 'yar mai otal, wadda Dorrit Weixler ta fito a matsayinta, ta ɗauki aikin dukansu: yanzu ta sa rigar mai gyaran ɗaki, an jima ta sa wandon yaro mai kai abinci. Wani hafsa ya kamu da son mai gyaran ɗaki, alhali kuwa yaron da yake aike gaba da baya ita ce. Abin lura a nan shi ne, yarinyar ta ga fuska biyu na mai nemanta, wadda yake nuna wa budurwa da wadda yake nuna wa na ƙasa da shi. Wace mace ce ba za ta so samun wannan dama kafin ta amsa ba?

A Als ich tot war na 1916, watau Sa'ad da Na Mutu, Lubitsch ne mai shiryawa, shi ne kuma mijin da son wasan dara na Turawa ya sa surukarsa ta kore shi daga gida. Ya bar labarin ya mutu, sa'an nan ya ɓad da kama ya dawo gidansa a matsayin bara, yana kallon yadda suruka ke ƙoƙarin haɗa matarsa da wani, yana kuma sake neman matar tasa daga farko.

Wanda ya fi su duka tsaurin ido shi ne Ich möchte kein Mann sein, watau Ba Na Son Zama Namiji, mai tsawon kimanin minti 45, wanda aka fara nunawa a Oktoban 1918, ana saura 'yan makonni yaƙi ya ƙare. Ossi Oswalda ta fito a matsayin yarinya mai ƙiriniya da aka ɗora wa sabon mai riƙo mai tsanani. Ta sayi kayan maza, ta tafi gidan rawa, sai ga mai riƙon nata a can yana aikata duk abin da ya hana ta. Bai gane ta ba, ya saki jiki da ita kamar aboki. Ta kuma ɗanɗana wahalar zama namiji, daga ƙuncin kwalar riga har zuwa tashi a ba mace wurin zama. A ƙarshe asiri ya tonu, suka daidaita, amma fa bayan ta riga ta san shi ciki da bai, ba ya kuma da bakin yi mata wa'azi.

A 1919 Lubitsch ya faɗaɗa wannan salo a Die Austernprinzessin, inda 'yar wani attajirin Amurka ta rantse sai ta auri ɗan sarauta, dillalin aure ya samo mata yariman da bashi ya yi wa katutu. Mai kuɗi na sayen asali, mai asali na sayar da suna. An nuna wannan ne 'yan watanni bayan faɗuwar sarautar Jamus a Nuwamban 1918, lokacin da kowa ke tambayar me sunan gida zai saya a kasuwa.

Mai dokar barci

Malaman zamanin ba su ga wannan duka ba. Abin da suka gani shi ne maza da mata zaune tare cikin duhu, da yara suna koyon raini. Malaman makaranta da limaman coci da lauyoyi suka tashi haiƙan da abin da suka kira gyaran silima. A 1911 wani masanin shari'a, Albert Hellwig, ya wallafa littafi sukutum a kan fina-finan da ya kira na shara. Tun 1906 kuwa 'yan sandan Balin suka fara tace fim kafin a nuna shi.

'Yan fim suka rama da makamin da suka iya. A 1912 aka fito da wani gajeren fim, Wie sich das Kino rächt, watau Yadda Silima Ke Ramuwa. Wani shehun malami mai suna Moralski, sunan da aka ƙera daga kalmar ɗa'a, ya yi lacca mai zafi a kan ɓarnar silima. Mai kamfanin fim ya tura wata 'yar wasa bakin teku inda malam ya je hutu. Ba a jima ba malam ya narke, ya shiga bin ta yana rawar kai, mai ɗaukar hoto kuwa yana laɓe yana juya na'urarsa. Da aka sake taron masu yaƙi da silima, sai aka haska musu jagoransu a allo. Mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi.

Ba mu ce duk damuwar waɗannan malamai banza ce ba. Uban da ya damu da abin da ɗansa ke kallo bai yi laifi ba. Kuskurensu shi ne sun yanke hukunci a kan abin da ba su tsaya sun nazarta ba, sun kuma ɗauki madubi a matsayin mai laifi saboda fuskar da ya nuna musu.

Abin da za a iya ce mana

Mai karatu na iya cewa mun zuzuta abin fiye da kima, yana kuwa da hujja. Na farko, kusan duk waɗannan fina-finai da aure suke ƙarewa. Yarinya ta tuɓe wando ta koma cikin siket, doka kuma tana nan ba ta motsa ba. Na biyu, don kuɗi aka yi su, ba don gyaran jama'a ba, kuma da yawansu barkwancinsu mai kaushi ne. A wani ɗan fim da Karl Valentin na birnin Munik ya yi kafin yaƙi a kan bikin aurensa, wani ƙaton namiji aka sa wa kayan amarya, dariyar duka kuwa a kan yadda ta fi ƙarfin siririn angonta ne. Suruka kullum ita ce muguwa, tsohuwar budurwa kullum abin ba'a. Na uku, yaran shagon da Lubitsch ya riƙa fitowa a matsayinsu, masu wayo da son abin duniya, har yau masana na gardama a kan ko sun ƙarfafa mummunan zaton da ake yi wa Yahudawa. Wannan gardama tana da nauyi in an tuna abin da ya biyo baya: shi kansa Lubitsch, wanda ya koma Amurka a ƙarshen 1922, gwamnatin 'yan Nazi ta ƙwace masa takardar zama ɗan ƙasa a 1935.

Mun karɓi waɗannan duka. Amsarmu guda biyu ce. Ɗaya, ɗaurin auren ƙarshe minti ɗaya yake ci, sauran minti arba'in kuwa 'yar kanti ta zauna tana kallon mace irinta tana zaɓe, tana gwada namiji, tana fin uba da hafsa da malami dabara. Abin da ido ya gani ba a mai da shi. Biyu, ba sai shaida ya zama mutumin kirki ba kafin shaidarsa ta yi amfani. Raunin waɗannan fina-finai ma shaida ne, domin yana gaya mana wa aka halatta a yi wa dariya a wancan zamani, wa kuma aka tsare.

Ɗalibar da ta tambaya

Cikin wannan hayaniya akwai wadda ta bi wata hanya dabam, ita ce kuwa dalilin da ya sa muka kawo wannan batu gaban ɗalibai. Emilie Altenloh ɗaliba ce a Jami'ar Heidelberg, ƙarƙashin Alfred Weber. Maimakon ta yi wa silima tofin Allah tsine ko ta yi mata kirari, sai ta tafi birnin Mannheim ta rarraba takardun tambayoyi ga 'yan makaranta da masu koyon sana'a da leburori da akawuna da matan aure: sau nawa kuke zuwa, me kuke so, don me? A 1914 aka buga bincikenta na digirin dakta, wanda ake lissafa shi cikin na farko-farko a duniya a kan masu kallon fim. Ta nuna yadda mata suka zama babban ɓangare na 'yan kallo, da irin farin jinin da Asta Nielsen ke da shi a wurinsu. Laccocin masu gyaran silima yau sai mai tonon tarihi ke buɗe su, littafin ɗalibar nan kuwa har yanzu ana karanta shi.

Raini yana da farashi. Zaren fim na wancan zamani da sinadari mai saurin kama wuta aka yi shi, yana kuma ruɓewa in an bar shi. Abin da ba a daraja ba, ba a adana shi, saboda haka mafi yawan waɗannan fina-finai sun ɓata har abada. Ko Siegfried Kracauer, a shahararren littafinsa na 1947 a kan fim ɗin Jamus, ya ɗauki duk shekarun 1895 zuwa 1918 a matsayin zamanin rarrafe kawai. Da yawa daga cikin waɗanda suka tsira, a ƙasashen waje suka tsira. Wani ɗan kasuwar fim na Amstadam, Jean Desmet, ya ƙi zubar da tsofaffin kayansa, ya bar fina-finai fiye da 900 daga ƙasashe dabam-dabam, tarin da hukumar UNESCO ta sa cikin kundin abubuwan tunawa na duniya a 2011. Fim ɗin Lubitsch na mijin da ya yi mutuwar ƙarya, a Sulobeniya aka gano shi cikin shekarun 1990. Sai da aka yi wani babban nuni a garin Pordenone na Italiya a 1990, aka kuma sami nazarin masana irin su Heide Schlüpmann a wannan shekara, sa'an nan aka fara ba wannan zamani haƙƙinsa.

Gemun ɗan'uwa

Ba mu da niyyar cewa Balin ta 1914 da Kano ɗaya suke. Addini dabam, doka dabam, tsarin aure dabam. Amma akwai hali guda na masu ilmin boko da muka gane a wannan labari. Sa'ad da littattafan soyayya suka cika kasuwannin Kano daga tsakiyar shekarun 1980, sa'ad da kuma fina-finan bidiyo suka biyo baya tun daga Turmin Danya na 1990, masu tsinuwa sun fi masu nazari yawa nesa ba kusa ba. Su ma kuwa a kan auren dole da kishi da zaɓen zuciya da bambancin mai shi da marar shi suka yi ta magana. Takardar da aka buga su ba mai ƙarko ba ce, kaset ɗin bidiyo kuma zafi da ƙura ba sa raga masa.

Saboda haka kiranmu ga ɗalibi mai neman abin da zai rubuta a kundin kammala karatu, da ƙaramin ma'aikaci da wata rana za a damƙa wa ɗakin karatu ko gidan adana kayan tarihi ko kujera a hukumar tace fina-finai, shi ne ya tuna da Moralski, ya kuma tuna da Altenloh. Yana da 'yancin ƙin abin da ya gani, yana da 'yancin sukarsa da hujja. Amma ya fara kallo tukuna, ya tambayi masu kallo, ya kuma ajiye kwafi guda a inda gara ba za ta kai ba. Jikokin Jamusawa sun zo neman abin da ya ba kakanninsu dariya, suka tarar da kaɗan ne ya rage, shi ma a hannun baƙi. Namu jikokin za su zo da irin wannan tambaya, ya kamata su tarar mun ajiye musu amsa.